Na Toshe Muryar Marimbar Kaka

Ku da kuka cika mini waya da saƙo kuna tambayar ina Nere ta shige kwana tara, ga ni. Ban mutu ba, ban kuma gudu ba, ko da yake na auna gudun sau biyu. Wanda ya san zai zage ni, don Allah ya riƙe zaginsa sai ya kai ƙarshe, domin duk abin da zai faɗa na riga shi faɗa wa kaina.

Ga sababbin shigowa: sunana Nereida, shekarata ashirin da uku, a Chiapa de Corzo aka yanke mini cibiya. Babana Don Límbano makaɗin marimba ne, wato abin kiɗan nan mai jerin katakai da ake bugawa da sanduna, ubansa ma haka. A gidanmu mutum huɗu ke tsayawa kan marimba ɗaya kafaɗa da kafaɗa. Baba na jan waƙa, ƙannensa biyu, Baffa Ciro da Baffa Amílcar, na riƙe da ƙasa da tsakiya, ni kuma ina can ƙarshe wajen siraran katakai tun ina 'yar shekara tara. Amma abin da nake karanta a makarantar kiɗa ta Tuxtla daban ne. Mutum ɗaya, sanduna huɗu, biyu a kowane hannu, kiɗan da mutanen zamanin nan ke rubutawa a takarda, wanda ba a taka masa rawa. Wani lokaci ma sai ka yi shiru na numfashi biyar a tsakiyarsa, kuma shirun ma a rubuce yake. Baba yana kiransa kiɗan marasa dangi.

"Yarinya, wa ya mutu?" Haka yake tambayata in ya ji ina gwadawa. "In kin gama neman abin da ya ɓace miki a cikin katakon, ki zo mu yi kiɗa."

Marimba biyu gare mu. Akwai ta aiki, wadda ake ɗorawa bayan mota ana yawon biki da ita. Akwai ta Kaka Abundio, tana falo ƙarƙashin jan mayafi, ba a buɗe ta sai ranar da babban abu ya samu gida. Ƙarƙashin kowane katako nata akwai kwaroron itace a rataye, kusa da gindin kwaroron akwai ɗan rami da aka zagaye da baƙin kakin zuma, aka ɗame siririn tantanin hanji a kai. Tantanin nan shi ke sa marimbarmu ƙugi, wannan zzzz ɗin da ke shiga ƙirjin mutum har ya sa tsofaffi hawaye. Kaka ne ya liƙa na ƙarshe da hannunsa, wata biyu kafin rasuwarsa. Shatin babban yatsansa yana nan a jikin kakin. Shekara uku ke nan Baba bai bar kowa ya taɓa wurin ba.

Sai al'adar gidanmu, ku riƙe ta da kyau. In an zo neman auren 'ya, uba ba ya amsawa da baki. In ya yarda, sai ya tashi ya yaye jan mayafin ya kaɗa. In bai yarda ba, mayafi na nan yadda yake, baƙi su sha abin sha su kama gabansu. Kuma ranar Lahadi iyayen saurayina Baltazar za su zo.

Balta mai gyaran wutar lantarki ne, dogo, mai fara dariya tun kafin a gama ba shi labari. Shekara biyu muna tare. Ina sonsa, wannan ba abin ɓoyewa ba ne, ko da yake a makon nan na so in shaƙe shi.

To ga yadda aka yi. Wata makaranta a babban birni tana ɗaukar ɗalibai shida kacal a shekara. Sai ka aika bidiyonka kana kaɗa kiɗan mutum ɗaya, ranar Juma'a a rufe karɓa. Makarantarmu tana kulle don hutun Ista, marimbarta mai tsabtar murya tana ciki. Ta aiki kuwa Baba da baffannina sun tafi da ita bikin wani ƙauye, sai Asabar da yamma za su dawo. Ranar Laraba Mama ta tafi duba ƙanwarta. Gida ya zama daga ni sai jan mayafi, sai na kira Balta ya zo ya riƙe mini waya.

Na yaye mayafin. Kiɗan da zan aika malamata Casilda ce ta rubuta shi, daga can ƙasa yake farawa, a hankali, kamar mai sanɗa. Ina sauke sandunan sai falo ya cika da ƙugi.

"Ba zai yiwu ba," na ce. "Za su ce amya na aiko musu."

Balta ya sauke wayar ya tsugunna yana leƙa ƙarƙashi. "Wannan 'yar fatar ce ke yin haka? To a rufe mata baki mana."

Ya sa hannu a aljihu ya fito da baƙin salatif ɗin nan nasu na liƙa wayar wuta.

"Kai, Balta! Na Kaka ne fa."

"Ba cirewa za mu yi ba, gimbiya. Rufewa. Ni da nake liƙa wannan abin kullum? In na ɓare ko alama ba za ki gani ba."

Jama'a, ni ce makaɗiya. Ni na san tantanin nan bai kai ɓawon albasa kauri ba. Na sani sarai. Amma Juma'a na tsaye a kaina, sai na ji bakina ya ce, "To, a hankali."

Ashirin da ɗaya muka liƙe, duk na wajen ƙasa. Kuma ba zan yi muku ƙarya ba, da na sake kaɗawa sai da tsigar jikina ta tashi. Ban taɓa jin muryar itacen shi kaɗai ba, mai zurfi, mai sanyi, babu komai a kanta. Sau tara muka ɗauka. Zafin Afrilu ya taso, mun kashe fanka don kada ta shiga bidiyon, gumi na bin bayana har cikin siket. Na taran ya yi. Na aika, muka yi tsalle, Balta ya ɗaga ni sama yana kirana Farfesa.

Sannan ya tsugunna ya kama bakin salatif na farko ya ja.

Zafi ya narkar da gam ɗin. Tantanin ya biyo salatif ɗin gaba ɗaya, ya bar rami a buɗe.

"Wannan tsautsayi ne," in ji shi. "Bari in bi ta gefe."

Ya bi ta gefe, ya yage. Muka gwada da ƙanƙara. Muka gwada da man girki a kan tsinke. Na gwada da farcena ina karanta duk addu'ar da na iya. Barin baƙin salatif a jikin marimbar Kaka ba zai yiwu ba, ɓarewa kuma ɓarna. Ashirin da ɗaya muka liƙa, ashirin da ɗaya suka yage, shida ma har da kakin suka taso. Na ɗauki wani guntun kaki a tafin hannuna, ga rabin shatin yatsan Kaka a jiki. Na zauna daɓas a ƙasa, kuka ma ya ƙi zuwa.

Balta ya daina dariya. Tunda na san shi ban taɓa ganin fuskarsa haka ba.

Muka share wurin, muka mayar da mayafi, muka gyara masa kunnuwa yadda Mama ke gyarawa. Daga waje babu abin da ya canza.

Masu ƙera marimba na garinmu duk abokan Baba ne, in Balta ya shiga shagon ɗaya ya ce tantani yake nema, kafin ya fito labari ya iso gidanmu. Don haka ranar Alhamis ya bar aikinsa ya hau babur har garin Carranza, wurin wani tsoho mai ƙera marimba. Da la'asar saƙonsa ya shigo.

"Na samo. Tsohon ya ba ni har da kaki."

"Ya tambaye ka na wa?"

"Na ce na makaranta ne. Ya ce liƙawa ba wuya, ɗamewar ce aiki. Kowane rami da irin tasa, da kunne ake yi. Ya ce gwani kan yi kwana biyu."

"Ni zan yi a awa uku. Asabar da safe Mama za ta kasuwa."

"Kin taɓa yi?"

"Na ga Kaka yana yi."

Ya turo mini fuskar nan mai gumi a goshi. Na kife wayar.

Ranar Juma'a da hantsi Mama ta kira ni ɗakinta gwada riga. Baƙar rigar nan ce mai faɗin gindi da aka yi wa surfanin furanni da zaren siliki, ruwan goro da ruwan hoda da shuɗi, wadda ita ma ta saka ranar da aka zo neman aurenta. Ta cika bakinta da allurai tana kama mini ƙugu.

"Ke wai me ke cin ki? Makon jiya rigar nan ta kama ki, yau ina iya zuba kaza a ciki."

"Zafi ne, Mama."

"Zafin gidanku. Tsoron amsar babanki kike yi." Ta zare allura ɗaya ta rage murya. "Ban faɗa miki ba, kin ji ko? Tun makon jiya ya sake naɗe kan sandunan Kakanki da sabon danƙo. A ɓoye, a bayan gida, wai don kada in gani. Mutumin da zai ce a'a ba ya naɗe sanda."

Ta ɗago tana jiran in yi ihun murna. Na yi mata wani murmushi da ni kaina na ji ciwonsa a kumatu.

"Dube ta, har ta yi fari! Kai, yaran yanzu. Juya in ga baya."

Ban gama juyawa ba muka ji hon a ƙofar gida. Hon ɗin motarmu, sau uku, yadda Baffa Amílcar ke yi.

An yi ruwa a ƙauyen, an taƙaita biki, sun dawo kwana ɗaya kafin lokaci. Baba ya shigo da hularsa a hannu yana cewa gara ma haka, zai samu damar yi wa falo fenti kafin baƙi su zo.

Falon. Ya wuni a ciki Juma'a, ya wuni a ciki Asabar. Ya jawo marimbar tsakiyar ɗaki da mayafinta, ya yi wa bango farin fenti, ya mayar da ita. Tantanin da Balta ya sayo yana cikin jakata a naɗe a takarda, ina yawo da shi daga ɗaki zuwa kicin kamar mai ɗauke da kayan sata. Da Mama ta tafi kasuwa na leƙa, Baba na zaune kan ƙaramar kujera yana goge ƙafafun marimbar da tsumma.

"Nere, kawo mini pozol, maƙogwarona ya bushe."

Na dama masa ƙullun masarar a ƙoƙo, da garin cakulan da ƙanƙara yadda yake so, na kawo. Bai karɓa nan da nan ba.

"Ranar da aka haife ki an buɗe ta," ya ce, bai dube ni ba. "Kakanki ya kaɗa har maƙwabta suka shigo. Ya ce wannan mai dogayen yatsun tamu ce." Ya yi 'yar dariya. "Bai san za ki girma ki riƙa kaɗa wa aljanu ba."

"Baba kenan."

"In na yi kewarsa, kin san me nake yi? Ba na buɗewa. Sai in zura hannu ta ƙarƙashi in taɓa inda ya danna yatsa. Zo ki ji, yana nan."

Ya miƙa hannu zai shiga ƙarƙashin mayafin.

Na saki ƙoƙon.

Da gangan na yi, Allah ya gani. Pozol ya wanke masa takalmi da wando, ya fallatsa har sabon bango. Ya miƙe zumbur.

"Ke! Hannun nan da ke riƙe sanda huɗu ya kasa riƙe ƙoƙo ɗaya? Haka za ki yi wa surukarki gobe?"

Dariya yake yi. Ya tafi canza wando yana kiran Baffa Ciro ya zo ya ga amarya ta fara ruɗewa. Ni kuwa na durƙusa ina goge ƙasa. Na tsani kaina a lokacin, amma ban tsane ta yadda zan tashi in bi shi in faɗa masa gaskiya ba.

Na shige banɗaki na kulle na rubuta wa Balta.

"Bai bar falon ba. Ban liƙa ko ɗaya ba."

"Mu faɗa masa yau. Zan zo yanzu, tare za mu tsaya."

"A'a!"

"To in ce wa iyayena a ɗaga ranar?"

"Da wane dalili? Sun riga sun ba da aikin burodi."

"To me kike so a yi?"

Sannan na rubuta abin da har yau nake jin kunyarsa.

"Wataƙila ba zai buɗe ba. Wataƙila ya ce ku dawo wani watan."

Yana rubutawa yana gogewa, ina ganin ɗigon nan uku suna tashi suna ɓacewa. Can ya turo.

"Nere, kin san abin da kike roƙo? Kina roƙon ya hana ni ke."

Na kashe wayar. Amma da aka je coci Lahadi da safe, abin da na roƙa ke nan, a durƙushe, gefen Mama.

Ƙarfe ɗaya na rana suka iso. Don Fidencio, baban Balta, cikin farar riga mai aljihu huɗu da guga ta sha har tana ƙyalli. Doña Griselda, mamarsa, gajera mai fara'a, ta sha turare da manyan 'yan kunne, bakinta ba ya hutawa. Bayansu Balta da kwando: burodi mai ƙwai, dunƙulen cakulan, kwalabe biyu, fararen furanni. Ya aske gashi har kunnuwansa sun fito fili. Muka haɗa ido, ya yi saurin kallon ƙasa.

Aka zaunar da su. Ni aka ajiye ni kusa da Mama cikin baƙar rigar, an yi mini kitso da jan ƙyalle, an shafa mini jan baki. Marimbar na gabana, taku huɗu tsakaninmu.

Don Fidencio ya miƙe ya yi jawabi mai tsawo, ya yabi gidanmu tun daga Kaka, ya ce ɗansu ya ga fure a lambun Don Límbano. Baba ya saurara da hannu a kan gwiwa. Sannan ya juya ga Balta.

"Samari, ka san ba ta iya dafa wake ba?"

"Na sani, Don Límbano. Na ci."

Aka yi dariya.

"Ka san in ta fara kiɗan nan nata, karnukan unguwa kan yi ƙaura?"

"Ina son kiɗanta, ranka ya daɗe."

"To kai ma ba ka da lafiya. Kun dace."

Aka sake dariya, sannan falo ya yi tsit. Wannan shi ne lokacin. Mama ta matse mini hannu. Baba ya ɗauki kofinsa ya kurɓa, ya ajiye, ya goge gashin baki. Ina ƙirga numfashina. A raina ina cewa zauna, Baba, don Allah zauna, ka ce su dawo.

Ya miƙe.

Doña Griselda ta dafe ƙirji ta ce, "Wayyo, Allah na gode maka!" Baba ya kama kunnen jan mayafin ya yaye shi a hankali, ya ninke, ya miƙa wa Mama. Ya ciro sandunan Kaka daga bayan hotonsa. Baffannina suka tsaya a gurabensu, nawa gurbin aka bar shi fili domin yau ni ake kaɗa wa. Baba ya dube ni, idonsa ya cika da ruwa, ya ɗaga kai ya ba da alama.

Baffa Ciro ne ke buɗewa daga ƙasa. Ya sauke sandunansa.

Ƙwal. Ƙwal.

Itace kawai. Baffa ya dubi sandunan kamar su suka yi laifi, ya sake bugawa da ƙarfi. Baba ya ɗaga hannu, aka tsaya. Ya zagayo da kansa ya bi katakan ɗaya bayan ɗaya, daga ƙasa yana hawa. Babu ƙugi, babu ƙugi, babu ƙugi. Sai a na ashirin da biyu zzzz ɗin ya fito, siriri, shi kaɗai.

Ya durƙusa da gwiwa biyu a cikin wandonsa na coci, ya zura kai ƙarƙashi. Ya daɗe a can. Da ya fito ban gane fuskarsa ba.

"Ciro."

"Yaya?"

"Kai ka ce za ka fesa mata maganin gara watan jiya."

"Ƙafafu kawai na fesa, Yaya, ban ko ɗaga mayafi ba."

"A buge kake ranar?"

"Haba, Yaya, a gaban baƙi? Wata takwas rabona da kwalba, ka sani."

"An ɓamɓare kakin! Yatsan Baba ne a wurin, Ciro. Shi ke nan abin da ya rage mana, ka sa hannun mayenka ka..." Ya nuna ƙofa. "Fita mini daga gida."

Baffa Ciro, mutum mai shekara hamsin da biyar, wanda ya koya mini riƙe sanda, ya tsaya yana juya kai yana rantsuwa da kabarin uwarsu, hawaye na bin gemunsa. Balta ya ɗaga rabin jikinsa daga kujera yana kallona. Ni kuma, ku ji da kyau, na girgiza masa kai. Bakina a rufe, ina kallon Baffa yana lalubar hularsa. Tsoro ya mayar da ni abin da ban san ina iya zama ba.

Doña Griselda ce ta kasa jure shirun. Baiwar Allah, gyara take son yi.

"Haba, Don Límbano, a yi haƙuri, ai ba watan jiya ba ne. Lafiyarta ƙalau har ranar Laraba, da kunnena na ji. Ba Nere ta kaɗa ta ba? Balta ya turo mini tun ranar, har na nuna wa matan cocinmu. Daɗi kamar a gidan rediyo! Tsaya ka gani."

"Mama!" in ji Balta.

Ina! Ta riga ta ciro waya daga jaka ta danna ta miƙa.

Na tuna lokacin. Bayan na aika, muna tsalle, kafin mu ɓare komai, ya ce bari ya nuna wa mamarsa irin matar da zai aura.

Baba ya karɓi wayar. Ga ni a ciki, ga falonmu, ga hoton Kaka a bango, ga baƙin salatif jere a gindin kwaroron, ana ganinsa tar. Kiɗan ya fara daga ƙasa, a hankali. Na ɗauka zai jefar da wayar. Bai jefar ba. A tsaye ya kalla, minti bakwai cur, har wuraren da nake yin shiru bai motsa ba. Ƙanƙarar da ke cikin kofuna ta narke.

Da ya ƙare ya mayar wa Doña Griselda wayarta da hannu biyu, ya ce ya gode.

Balta ya miƙe. "Don Límbano, ni ne. Salatif ɗina ne, shawarata ce, ita ta ce kada a yi..."

"Zauna, ɗana. Kai mai gyaran wuta ne, ba ka san me ka taɓa ba." Ya juyo gare ni. "Ita ta sani."

Na zame daga kujera na durƙusa, rigar ta baje a ƙasa. "Baba, ni ce. Mun sayo sabon tantani, yana jakata, zan liƙa, zan koya, ko wata nawa zai ɗauka..."

"Yanzu kika samu baki?" Bai ɗaga murya ba, da ma ya ɗaga. "Jiya da kika zubar mini da pozol, baki gare ki. Ɗazu ina korar ƙanena a gaban mutane, kina zaune da jan baki kina kallo."

Ya taka zuwa ƙofa inda Baffa Ciro ke tsaye, ya karɓi hular daga hannunsa ya rataye, ya rungume shi. "Ka yafe mini, ɗan'uwa." Baffa ya riƙa bubbuga bayansa.

Sannan Baba ya dawo tsakiyar falo ya gyara rigarsa.

"Don Fidencio, Doña Griselda, kun zo da mutunci, ba za ku koma hannu biyu ba. Na yaye mayafi, ba na mayar da shi. Na ba ku ita."

Doña Griselda ta buɗe baki za ta yi guɗa, mijinta ya riƙe mata hannu.

"Kuma abin da na ji a wayar nan," in ji Baba, yana kallon sama da kaina, "ban san sunansa ba, amma ta iya. Ta fi ni hannu. A kan wannan katakon ta iya, don haka ku haɗa da shi ku tafi. Yau. Ba na son in wayi gari in gan shi a falona."

Katako. Tunda nake ban taɓa jin ya kira ta haka ba.

"Límbano," in ji Mama, "don girman Allah, ta babanka ce."

"Ta babana tana magana. Wannan bebiya ce."

Ya ajiye sandunan Kaka a kanta, ya shige ɗakinsa ya ja ƙofa. Ba bugawa ya yi ba, a hankali ya rufe, muka ji ƙarar sakata.

Na je ƙofar na durƙusa na kira shi sau uku. Na ce ya dake ni, na ce ya hana auren, na ce zan janye takardar makarantar. Ko motsinsa ban ji ba. A bayana Don Fidencio yana tambayar Balta ƙasa-ƙasa ko za ta shiga bayan motarsu, Mama na kuka cikin jan mayafin, kwandon burodi na nan kan tebur babu wanda ya taɓa.

Hannu ya dafa kafaɗata. Baffa Ciro ne, idonsa jawur. Na kasa kallonsa.

"Baffa, ka yafe..."

"Ba yau ba," ya ce. "Tashi. Mutum huɗu ke ɗaukarta, kuma babanki ba zai fito ba. Kama can wajen siraran, gurbinki ne."